Ni Koɗi Na Ce, Baba Ƙoda Ya Ji

Ko da tsufa zai sa wata rana in manta sunayen 'ya'yana, ba zan taɓa mantawa da ranar ɗaurin auren Zulai ƙanwar mijina ba, ranar da na durƙusa gaban dattawan gari biyu ana shi mini albarka alhali wani abu yana yawo a kaina. A Haɗeja an ba da labarin nan ta fuska iri-iri, kowa da gishirin da yake ƙarawa. Wata ta ce asiri nake yi, wata ta ce suma na yi a wurin. Ban suma ba (da ma na suma, da na huta). Tunda kowa ya ba da nasa, bari ni mai abin in ba da nawa.

Ina kiwon dodon koɗi. Na faɗa, kuma ban sunkuyar da kai ba. Ba irin ƙananan nan na cikin ciyawar kachalla a bakin kogi ba, waɗanda ma'aikatan lafiya ke cewa su ke yaɗa tsargiya. Nawa na tudu ne, manya, wani ya kusa dunƙulen hannu, in ka jefa shi a ruwa nutsewa zai yi ya mutu. Asalin abin kuwa kwaɗayin ciki ne. Ina da cikin Ummi muna zaune a gidan haya, maƙwabciyata wata nas ce Bayarabiya, ta riƙa yin wani farfesu da ƙamshinsa ke tsallako katanga ya hana ni sakat. Ranar da na kasa daurewa na miƙa kwano. Sai da na cinye na siɗe hannu sannan na tambayi naman mene ne, ta faɗa mini. Na zauna ina jiran amai, amai ya ƙi zuwa, sai na sake miƙa kwanon. Kafin in saba sai da na tambayi malamarmu ta Islamiyya a keɓe (na ce wata ce ta aiko ni), ta ce a mazhabarmu hukuncinsa kamar na fara ne, a yi bisimilla lokacin da za a zuba shi a tafasasshen ruwa, shi ke nan. Da aka yi wa nas ɗin canjin wurin aiki, ta bar mini tsofaffin tayoyin mota da take kiwon a ciki, da dodannin gaba ɗaya.

Da muka koma babban gida wurin iyayen mijina, aka ba mu sashen da ke can ƙurya, bayansa akwai lungu mai inuwar gwanda. Nan na jera tayoyina. Baban Ummi ba ya ci, amma bai hana ni ba. Sharaɗinsa ɗaya ne, kada maganar ta kai kunnen Inna da Baba.

Wanda bai yi kiwon dodon koɗi a zafin Haɗeja ba bai san wahala ba. Halitta ce ta danshi, rana kaɗan ta kashe shi. Kullum ina jiƙa buhun algarara ina rufe tayoyin, ina yanka musu ganyen gwanda da ɓawon kankana, ina daka ɓawon ƙwai in barbaɗa musu don nasu ɓawon ya yi ƙwari. Ga tururuwa, ga ɓera, ga ƙadangare, kowa na son rabonsa. In bazara ta yi tsanani sai su shige ciki su toshe ƙofarsu da wata farar fata, ka rantse sun mutu, amma da sun ji yayyafi sai ka ga ƙahonni suna fitowa ɗaya bayan ɗaya. Idanunsu a kan ƙahon suke, kuma kowannensu namiji ne mace ne, kowa na yin ƙwai a cikin ƙasa. Akwai wani babba a cikinsu da na sa wa suna Sarkin Yawo, don duk yadda na rufe sai na tsinto shi a jikin katanga da safe. Ku riƙe sunan nan.

Wata shekara Baba, wato surukina, ya yi zazzaɓi mai tsanani, ya tashi bakinsa ba ya karɓar komai. Inna ta yi kunu, ta yi fate, ta sa aka samo tarwaɗa daga bakin kogi, duk sai ya ɗanɗana ya ture. Shi kuma Baba kunnensa ya yi nauyi, ƙarar injin ban ruwa da ya yi shekaru yana tsaye a kansa a fadama ce ta cinye masa ji. Ran nan na ɗora farfesuna ni kaɗai, na sa citta da masoro da attarugu, ƙamshi ya bi iska har ɗakinsa. Sai ga Inna da kanta, wai Baba na kira.

To ni suruka ce. Tun kafin a kai ni aka ja mini kunne cewa ba a haɗa ido da uban miji, ba a ɗaga masa murya. Na durƙusa a bakin ƙofa, kai a ƙasa, ya tambayi me na dafa haka. Da muryar da ko sauro ya fi ta ƙarfi na ce, "Farfesun dodon koɗi ne, Baba." (Na yarda dodon ya ɗan maƙale mini a maƙogwaro, amma koɗin ya fito, Allah ne shaidata.)

"Ƙoda?" in ji shi. "Madalla. Zubo mini, 'yar nan."

Inna tana can tana gyara shimfiɗa, ba ta ji na farkon ba. Yanzu don Allah me ake so in yi? In gyara masa, sai na ɗaga murya, abin da aka ce kada in kuskura. Na je na zubo. Ya cinye tas, ya shanye romon, ya ce a ƙaro. Duk mai cewa na yi wa surukina ƙarya ya zo ya nuna mini inda ƙaryar take.

Daga ranar Baba ya fara murmurewa, ni kuma na zama 'yar gaban goshi. Inna har turare ta ba ni. Baban Ummi ne ya rasa barci, kullum yana cewa wannan abu zai fashe mana a hannu. Shi ya ba da shawarar in canza a hankali, ya je ya sayo ƙodar rago ta gaske, na yanka ta siri-siri na yi mata haɗin da na saba. Baba ya kai loma ɗaya ya ajiye cokali, ya aiko a tambaye ni ko ba ni da lafiya ne, ko kuma wani ya ɓata mini rai. Wai wannan ba ta da garɗin waccan, ba a jin ta a haƙori. Haka na koma lunguna na ci gaba da ɗebowa.

Sai aka sa ranar auren Zulai da wani ɗan garin Guri, cikin damina. Baba ya tara 'yan gida ya ce mutanen Guri a cikin kifi aka haife su, in ka ba su kifi ba ka yi musu komai ba, don haka dattawan ango ƙodar da 'yarsa, wato ni, ke dafawa za a ba su. Baban Ummi ya dube ni, na dube shi, ya tashi wai zai je duba rumfa.

Na ce zan yi, amma ni kaɗai a sashena, ba na son hannu ya yi yawa a girkina. Kwanaki kafin bikin na kwashe manyan na zuba a baho a ɗakin ajiya, na hana su abinci don cikinsu ya wanke, na kife kwando na danne da dutse. Safiyar ranar na kulle ƙofa na shiga aiki. Wanda bai taɓa wanke yauƙin dodon koɗi ba ba zai gane ba: alam, lemun tsami, ka murza, ka ɗauraye, ka sake murzawa har hannunka ya yi fari. Ɓawon na tura a buhu na cusa bayan tayoyi. Da na zo kan Sarkin Yawo da wasu manya 'yan kaɗan sai zuciyata ta karye, su ne iri, in na dafa su kiwon ya ƙare. Na bar su a bahon na kife kwando. Dutsen ne na manta.

A ɗakin nan kuma na ɓoye gwaggwaron ankona. An ɗaura mini shi tun ana gobe biki, dogo mai hawa-hawa, na ɗora shi a kan turmi don kada Ummi ta taɓa.

Bayan azahar aka ɗaura aure, aka shiga da abincin dattawa zaure. Ni kuma na yi wanka a gurguje, na shiga ɗakin ajiya cikin duhu na ɗauki gwaggwaro na kifa a kai. Na ji ya yi nauyi ta gefe ɗaya, amma duk macen da ta taɓa ɗaura shi ta san ba don jin daɗi ake sa shi ba. Ina cikin mata ana rabon alkaki sai ga Gwaggo Asabe, ƙanwar Baba, wai in zo dattawa na son ganin mai girkin. Gwaggo Asabe mace ce da ko tsuntsu ya yi kashi a tsakar gida sai ta gano wanda ya turo shi. Na yafa mayafi a kafaɗa, don gwaggwaron ya fi ƙarfin rufewa, na bi ta. Ana ɗan yayyafi muka ratsa tsakar gida.

Na durƙusa a ƙofar zaure ta ciki, daidai inda ruwan indararo ke ɗiga, kai a ƙasa kamar yadda aka koya mini. Zauren cike yake: Baba, limamin unguwarmu, waliyyin ango da mutanensa. Santi kuwa ya riga ya yi nisa. Waliyyin ango, wani dattijo mai farin gemu, yana ta rantsuwa cewa ragon da aka ciro wa ƙodar nan madara ya sha tun daga haihuwa har yanka. Wani ya ce da ya sani da a Haɗeja ya nemi aure. Baba sai murna yake, yana ba su labarin yadda 'yarsa ta tashe shi daga kwance. Kaina ya kumbura (ashe akwai dalili biyu). Sai Baba ya ce Liman ya yi mini addu'a.

Liman ya ɗaga hannu ya fara, zaure ya ɗauki amin. Ya roƙa mini albarkar aure, amin. Ya roƙa mini zuriya ɗayyiba, amin, amma na ji ta ɗan ragu. Ya roƙa wa hannuna albarka, sai mutum biyu suka amsa. Can sai Liman da kansa ya fara inda-inda, ya maimaita jimla ɗaya sau biyu, ya yi shiru. Ni baiwar Allah na ɗauka addu'ar ce ta ratsa zukata. Har na matso 'yar ƙwalla don kada a bar ni a baya.

Sai na ji wani abu mai sanyi ya taɓa mini goshi.

Na ɗaga ido a hankali. Ƙahonni biyu ne suka leƙo daga bakin gwaggwaro, da idanu a kansu, suna duba ni ta sama. Sarkin Yawo ne. Ya shige cikin ninkin ɗaurin ya kwanta abinsa, da ya ji ruwan indararo ya ɗauka damina ce ta kira shi, ya fito ya zagaya hawa na sama gaban dattawan gari biyu, ya bar farin sawu mai ƙyalli, yanzu kuma ya sauko gaishe ni. Kunyar da na ji ban taɓa jin irinta ba, da ƙasa za ta tsage da na shige ban waiwayo ba.

Gwaggo Asabe ta rafka salati a bayana. Ta ce jifa ne, an yi wa amarya jifa ya faɗa kan matar yayan amaryar, dama ta yi mafarki. Ta cire takalminta ta ɗaga. Kuma a nan ne Allah ya buɗe mini ƙofar tsira, ina gani. Abin da ya rage kawai in ƙwalla ƙara, in fizge gwaggwaro in yar, ta murƙushe shi, a yi ta yi mini sannu, a ba ni rubutu in sha. Ba wanda zai haɗa wannan da kwanukan da ke gabansu. Amma wannan dodon tun yana kamar ƙwayar gero nake jiƙa masa buhu. Hannuna bai yi shawara da ni ba, sai na ga na ciro shi na rufe da tafina.

"Kada ki taɓa shi, Gwaggo. Nawa ne."

Baba ya karkato kunne ya dubi Liman, ya ce, "Me ta ce?"

Liman ya kau da kai. To ni kuma a lokacin wani abu ya tsinke a raina. Ƙaramar muryar nan ce ta jawo duk wannan, na ce yau sai dai a kore ni. Na ɗaga kai, karo na farko tun da aka kawo ni gidan, na buɗe maƙogwaro.

"Na ce nawa ne, Baba. Dodon koɗi ne, ni nake kiwonsu. 'Yan uwansa kuka ci yanzu, su kuke ci tun kuna kwance."

An ce har matan da ke wanke-wanke a bakin rijiya sun ji. Waliyyin ango ya dubi kwanonsa, wanda ya siɗe har ba ya buƙatar wanki, ya dubi hannuna, ya sake duban kwanon. Wani ya fita da gudu yana riƙe da baki. Wani tsinken sakace ya daskare masa a haƙori. Aka juya kan Liman, ya yi gyaran murya ya ce ai halal ne, hukuncinsa hukuncin fara. Gwaggo Asabe ta ce dole Malam ya faɗi haka, tunda a gabanta ya nemi ƙari. Baban Ummi kuwa aka neme shi aka rasa, wai ya tafi samo wa baƙi mota.

Da aka tafi da amarya Inna ta kira ni ɗakinta, Gwaggo na gefe tana hura wuta. Ta ce na kunyata gida gaban surukai, Zulai za ta shiga Guri da abin gori, don haka ko in kwashe ƙazantar nan in zuba a kogi, ko in kwashe su mu tafi gidanmu tare. Na durƙusa, ban yi rashin kunya ba, amma ban koma ƙaramar murya ba. Na ba da haƙurin abin da ya faru a zaure. Na ce amma ƙazanta kam ban yarda ba. Mu da muke soya fara mu bi ta da yaji, muke yi wa tsuntsun jan-baki wawa in an kamo, muke yabon tarwaɗa alhali kowa ya san abin da take ci a cikin taɓo, ba mu ne za mu ƙyamaci abin da bai san komai ba sai ganyen gwanda. Na ce shi ya tashi Baba lokacin da komai ya gagara, kuma ba zan zubar ba. Inna ta ce to magana ta koma wurin mai gida, abin da ya yanke shi ke nan.

Mai gida ya ƙi yankewa. In na je gaisuwa ya amsa a taƙaice, in tashi. Kwanon da na aika sashen Inna haka yake dawowa ba a buɗe ba. Matan unguwa suka sa mini Uwar Dodanni, in na wuce a yi ta taɓa juna. Abin ya yi mini ciwo ƙwarai, na sha kuka a lungun gwanda, kuma na haɗa rabin kayana a akwati don ban san ranar da za a ce in fita ba. Amma da na share hawaye sai na mirgino tayoyin daga lungu na jera su a bakin ƙofar sashena, ƙarƙashin rumfa, inda duk mai wucewa zai gani. Baban Ummi ya ce ina ƙara wa wuta fetur. Na ce masa ya je ya samo wa baƙi mota.

Ana haka wata safiya na je gaida Baba, Inna na zaune a gefensa tana dama fura. Na gaishe shi, na yunƙura zan tashi, sai na ji ya yi gyaran murya.

"'Yar nan, an kwana biyu ba a yi ƙodar nan ba."

Ludayin Inna ya tsaya. Na ce a raina ba za a sake yi da ni ba. Na ɗaga murya yadda ko na waje zai ji, na ce, "Dodon koɗi, Baba."

Ya sa hannu a bayan kunne, ya dube ni ido cikin ido, fuskarsa ba alamar wasa.

"Ƙoda, eh. Ita nake nufi. A sa masoro da yawa." Sannan ya ƙara da cewa, "Kuma a ajiye mini ɓawon ƙodar, manya-manyan. Yaran yanzu ba su iya fere koɗin wasa ba. A zamaninmu duk unguwar nan ba wanda nasa ke daɗewa yana juyi kamar nawa."

Inna ta kau da kai ta ci gaba da damunta, ban san ko dariya take ɓoyewa ko takaici ba. Ni dai na koma na zazzage akwatina.

Har yau Gwaggo Asabe ko ruwa ba ta sha a sashena, kuma Zulai ta ce a Guri in an yanka rago aka zo kan ƙoda sai an tsokane ta. Sunan Uwar Dodanni ya bi ni, ina amsawa, har na sa an rubuta shi a jikin robobin da nake kai wa masu saye. A gidanmu kuwa ƙoda iri biyu ce, akwai ta mahauta, akwai mai ɓawo, kuma ba wanda ya isa ya gyara wa Baba. Abin da na koya bai da yawa: in za ki faɗa wa babba gaskiya, faɗe ta da muryar da zai ji tun a karon farko, in ya so ya zaɓi abin da kunnensa zai ɗauka. Kuma kafin ki kifa gwaggwaro a kai, ki leƙa cikinsa.